Tarihin Subrata Mitra, Mai Ɗaukar Hoton Majigi na Ƙasar Indiya

A filinmu na tarihin mashahuran mutane na wannan fitowa za mu leƙa ƙasar Indiya ne, watau ƙasar da yawancinmu muka fara sani a gidan silima tun kafin malamin labarin ƙasa ya nuna mana ita a taswira. Duk wanda ya yi makaranta a zamaninmu ya san yadda muke haddace sunayen 'yan wasan Indiya, su Raj Kapoor da Shashi Kapoor da Dharmendra da Amitabh Bachchan, har mukan raɗa wa waɗansunsu laƙabi da Hausa. Amma da za a tare ɗayanmu a ce ya faɗi sunan mutum guda daga cikin waɗanda suka riƙe kyamara suka ɗauki hoton waɗannan taurari, to da sai ya yi ta sosa ƙeya. Dalili kuwa shi ne sunan mai ɗaukar hoto yakan wuce a allo ne a lokacin da muke neman wurin zama, ko muna ciniki da mai gyaɗa.

Saboda haka muka ga ya kamata mu kawo muku tarihin ɗaya daga cikinsu, wanda masu sana'ar a Indiya suke ɗauka a matsayin babban malaminsu, watau Subrata Mitra. Shi ba a Bambai ya yi yawancin aikinsa ba, inda ake yin finafinan raye-raye da waƙe-waƙe da muka saba da su. A Kalkata ya yi, cikin harshen Bengali, shi ya sa sunansa bai iso mana ba. Amma dabarar da ya fito da ita ta haska wurin wasa, yau babu inda ba a amfani da ita.

Aikin mai ɗaukar hoto

Kafin mu shiga tarihinsa, yana da kyau mai karatu ya san abin da aikin ya ƙunsa. Darekta shi ne mai labari, shi ke gaya wa 'yan wasa abin da za su yi. Mai ɗaukar hoto kuwa shi ke da alhakin duk abin da ido zai gani a allo. Shi zai ce ga inda za a kafa kyamara, ga irin gilashin da za a ɗaura mata, ga inda za a sa fitila da ƙarfin da za a ba ta, ga gefen fuskar da za a haska da wanda za a bari cikin inuwa. A zamanin da muke magana a kai babu kwamfuta, babu kuma ɗan allon da za a duba nan take a ga abin da aka ɗauka. Sai an kai fim an wanke shi sa'an nan a san ko aiki ya yi kyau ko ya ɓaci. Ga shi kuma fim ɗin da tsada, daga ƙasashen waje ake shigo da shi. Kuskuren mai ɗaukar hoto na yini guda yana iya jawo hasarar kuɗin da ba a da hanyar mayarwa.

Haihuwarsa da ƙuruciyarsa

An haifi Subrata Mitra ran 12 ga watan Oktoba na shekarar 1930 a birnin Kalkata, wanda a yanzu ake kira Kolkata, a lokacin Indiya tana ƙarƙashin mulkin Ingila. Tun yana makarantar sakandare ya kamu da son kallon finafinan Ingila da na Amurka, sai dai shi ba labarin kaɗai yake bi ba, yakan sa ido a kan yadda aka ɗauki hoton da yadda aka haska shi. Da ya shiga kwaleji sai ya ƙudurta a ransa cewa ko dai ya zama mai zanen gine-gine ko kuma mai ɗaukar hoton majigi. Ya nemi a ɗauke shi yaron kyamara a kamfanonin fim na garinsu, bai samu ba, don haka ya ci gaba da karatunsa na kimiyya ba don ransa ya so ba. A gefe guda kuma yana ɗaukar hotuna da 'yar kyamararsa ta hannu, yana kuma koyon kaɗa sita, wani abin kiɗan Indiya mai tsirkiya da yawa da dogon wuya.

Ana nan sai wani mashahurin darektan Faransa mai suna Jean Renoir ya zo Kalkata don ya yi fim ɗinsa The River, wanda aka ɗauka daga ƙarshen 1949 zuwa cikin 1950. Mai ɗaukar masa hoto shi ne ɗan ɗan uwansa, Claude Renoir. Mitra ya je neman aiki aka ce babu. Da ƙyar, da sa bakin mahaifinsa, aka yarda ya riƙa zuwa yana tsayawa a gefe yana kallo. Wani yaron da aka yi wa haka da sai ya yi kallonsa ya koma gida da labari. Shi kuwa sai ya sayi littafi, kullum ya zo ya zana inda aka kafa kowace fitila, da inda kyamara take, da yadda 'yan wasa suka motsa. Wata rana aka bukaci a sake ɗaukar wani wuri da aka riga aka ɗauka, ana so hasken ya yi daidai da na farko, sai ga Claude Renoir da kansa ya zo yana aron littafin wannan yaro don ya duba. Wannan littafi shi ne iyakar makarantar ɗaukar hoton majigi da Mitra ya taɓa shiga.

Haɗuwarsa da Satyajit Ray

Cikin masu zuwa kallon aikin Renoir akwai wani dogon saurayi mai suna Satyajit Ray, wanda aka haifa a 1921, yana aikin zane a wani kamfanin tallace-tallace na Turawa. Yakan zo ne a ranakun hutu wurin abokinsa Bansi Chandragupta, wanda yake cikin masu gina ɗakuna da gidajen da ake wasa a ciki. Nan su ukun suka saba. Ray yana da burin ya mayar da wani littafin Bengali fim, watau Pather Panchali, wanda Bibhutibhushan Bandyopadhyay ya wallafa a 1929. Ma'anar sunan ita ce waƙar hanya, labarin kuwa na wani gida ne na matalauta a ƙauye, da yaransu biyu, Durga da ƙanenta Apu.

Ray yana so ya ɗauki fim ɗin a ƙauye na gaske, da hasken rana, da mutanen da yawancinsu ba su taɓa wasa ba. Tsofaffin masu sana'ar da ya tuntuɓa suka nuna masa hakan ba zai yiwu ba, don a saninsu fim a cikin situdiyo ake yinsa, inda fitila take hannun mutum, ba a waje ba inda gajimare zai rufe rana ba tare da ya yi shawara da kowa ba. Da Ray ya ga haka, ya kuma ga irin hotunan da Mitra yake ɗauka da kyamarar hannu, sai ya ce shi zai ɗauki fim ɗin. A lokacin Mitra yana da shekara 21, bai taɓa kunna kyamarar majigi ba ko sau ɗaya. Shi ma Ray bai taɓa ba da umarni a fim ba. Makaho ne ya ce zai yi wa makaho jagora, kuma kuɗin da za a fara da su na aljihun Ray ne.

Pather Panchali

An fara ɗauka a watan Oktoba na 1952. Wurin da suka fara da shi shi ne inda Durga da Apu suke ratsa wani fili mai doguwar ciyawa mai farin fure, wadda suke kira kash, har suka ga jirgin ƙasa karo na farko a rayuwarsu. Sun ɗauki rabi, suka ce sai wani mako a ƙarasa. Da suka dawo sai suka tarar shanu sun cinye furen sarai, dole aka jira har ya sake fitowa a shekara mai zuwa. Duk da haka, wanda ya kalli wurin a yau ba zai gane an raba shi ba: ga farin fure yana kaɗawa, ga sararin sama, ga baƙin hayaƙin jirgi yana ratsa su. Wannan yana cikin hotunan da aka fi tunawa da su a tarihin finafinan Indiya.

Ba a daɗe ba kuɗi suka ƙare. Ray ya sayar da faya-fayan kiɗansa da littattafansa, aka kuma jinginar da gwala-gwalan matarsa, duk da haka aiki ya tsaya na tsawon watanni. Babban abin fargaba shi ne kada yaran su girma su sauya kama, ko kuma tsohuwar da take wasa a ciki, Chunibala Devi, mai kimanin shekara 80, ta mutu kafin a gama. A ƙarshe gwamnatin Jihar Bengal ta Yamma, ƙarƙashin Dokta Bidhan Chandra Roy, ta ba da kuɗin ƙarasawa, aka rubuta su a lissafin gyaran hanyoyi saboda akwai kalmar hanya a sunan fim ɗin.

Yawancin aikin an yi shi ne a ƙauyen Boral, kusa da Kalkata. Da yake Mitra bai koyi ƙa'idojin situdiyo ba, ba shi da abin da zai dogara da shi illa idonsa da ma'aunin haske. Sai ya koyi jiran rana. Ya gane cewa hasken safe daban, na tsakar rana daban, na lokacin da hadari ya haɗu daban, kuma kowanne yana da irin yanayin da yake sa wa zuciyar mai kallo. Ya ɗauki hasken da ke ratsowa ta tsakanin ganyen gora, ya ɗauki ƙwari suna yawo a kan ruwan kududdufi kafin saukar damina, ya kuma ɗauki ruwan sama na gaske yana dukan Durga tana wasa a cikinsa, watau ruwan da ya jawo mata zazzaɓin ajali a labarin. Bugu da ƙari, da yake Ravi Shankar, wanda ya yi kiɗan fim ɗin, a dare ɗaya ya yi aikinsa ya tafi, sai Mitra ya ɗauki sitarsa ya cike waɗansu wuraren da suka rage.

An fara nuna fim ɗin a birnin Niyok na Amurka a watan Mayu na 1955, sa'an nan a Kalkata a watan Agusta. A 1956 ya sami lambar yabo a bikin finafinai na Cannes a Faransa. Daga nan duniya ta san akwai wani irin fim a Indiya ban da na Bambai.

Tsakar gidan Banaras

Fim na biyu, Aparajito, na 1956, shi ne ci gaban labarin Apu bayan iyayensa sun ƙaura zuwa Banaras, tsohon birnin nan na bakin kogin Ganga. A nan ne Mitra ya yi abin da ya sa sunansa ya shiga tarihi. Tsofaffin gidajen Banaras dogaye ne, masu benaye, da 'yar ƙaramar tsakar gida a tsakiya wadda samanta a buɗe yake. Rana ba ta cika faɗowa ciki kai tsaye ba, hasken sararin sama ne kawai yake saukowa, mai laushi, wanda ba ya yin inuwa mai kaifi. An shirya za a gina irin wannan tsakar gida a fili don a sami wannan haske, amma Bansi Chandragupta ya ji tsoron damina ta rusa masa aiki, sai ya gina ta a cikin situdiyo, a ƙarƙashin rufi. Mitra ya yi gardama ƙwarai, yana cewa fitilar situdiyo ba za ta ba da irin wannan haske ba, amma ba a saurare shi ba.

A nan sai mu tuna da darasin haske da aka yi mana a ajin kimiyya. Idan haske ya fito daga ƙaramin wuri, kamar tocila ko ƙwan lantarki, inuwar da zai yi mai kaifi ce, kuma kowace fitila da tata inuwar. Shi ya sa a tsofaffin finafinai za ka ga mutum yana tsaye a inda aka ce waje ne da rana, amma ga inuwarsa biyu ko uku a jikin bango, alhali kuwa rana guda ɗaya ce. Idan kuwa haske ya fito daga wuri mai faɗi, to inuwar takan baje har ta kusa ɓacewa. Duk wanda ya lura da tsakar gida bayan sallar asuba kafin rana ta fito, ko ranar da hazo ya rufe gari, ya san irin wannan haske.

Abin da Mitra ya yi shi ne ya sa aka ɗaura farin ƙyalle a jikin katako, aka shimfiɗa shi a saman tsakar gidan daidai inda sararin sama ya kamata ya kasance. Maimakon ya juya fitilu su haska 'yan wasa, sai ya juya su sama suka haska ƙyallen, shi kuma ƙyallen ya dawo da hasken ƙasa a baje. Da aka wanke fim aka duba, sai aka ga babu mai iya bambanta abin da aka ɗauka a situdiyo da wanda aka ɗauka a titunan Banaras. Fim ɗin ya ci babbar lambar bikin finafinai na Venice a ƙasar Italiya a 1957. Wannan dabara ta dawo da haske daga farin ƙyalle ko farin bango ta zama ruwan dare daga baya. Sven Nykvist na ƙasar Suwidin ya yi suna da irin wannan haske mai laushi a shekarun 1960, watau bayan Aparajito da 'yan shekaru. Farar lemar nan da muke gani a shagon mai hoto, wadda ake juya fitila cikinta, ita ma aikin da take yi ke nan.

Sauran aikinsa da Ray

Gaba ɗaya finafinai 10 Mitra ya ɗaukar wa Ray, daga 1955 zuwa 1966. Kada mai karatu ya zaci duk haske iri ɗaya ya yi musu. Ƙa'idarsa guda ce, watau kafin ya kunna fitila sai ya tambayi kansa daga ina haske zai fito da a ce wurin na gaske ne: ta taga ne, ko ta ƙofa, ko daga aci-balbal? In ya sami amsa sai ya bi ta, ko da hakan zai bar rabin fuskar tauraro cikin duhu.

A Jalsaghar na 1958, labarin wani attajirin mai gonaki da ya ƙarar da dukiyarsa wajen tara makaɗa, hasken ɗakin kiɗa yana fitowa ne daga wata babbar fitilar gilashi mai rassa da kyandirori. A ƙarshen fim ɗin kyandirorin suna mutuwa ɗaya bayan ɗaya, mai gida yana kallo, mai kallo kuma ya gane ƙarshen mutumin ya zo ba tare da an faɗa masa ba. A Apur Sansar na 1959, wanda ya kammala labarin Apu, ya ɗauki ɗan ɗakin haya na kusa da layin dogo, inda amarya take leƙen waje ta hujin yagaggen labule, ido ɗaya kawai ake gani da hawaye. Yarinyar da ta yi wannan wasa ita ce Sharmila Tagore, wadda daga baya ta yi suna a Bambai. A Devi na 1960 ya cika gidan da duhu da hayaƙin turare, don labarin na wata yarinya ce da surukinta ya yi mafarki cewa ita abar bautarsu ce, aka tsare ta ana yi mata bauta har hankalinta ya gushe.

Kanchenjungha na 1962 shi ne fim ɗinsu na farko mai launi. An ɗauke shi a garin Darjeeling da ke kan duwatsu, labarin duka na yammaci ɗaya ne. Ana farawa da rana, sai hazo ya sauko a daidai lokacin da al'amuran iyalin suka rikice, sa'an nan gari ya washe a ƙarshe. Da yake kwanaki da yawa aka yi ana ɗauka, sai da aka riƙa bin yanayin kowace rana ana zaɓen abin da ya dace da shi. Bayan Mahanagar na 1963 sai Charulata na 1964, wanda mutane da yawa suke ganin shi ne ƙololuwar aikinsu. A farkonsa, na tsawon mintoci kusan babu magana, kyamara tana bin wata matar aure mai kaɗaici daga taga zuwa taga tana leƙen masu wucewa da madubin hangen nesa. Gidan duka a situdiyo aka gina shi, amma hasken da ke shigowa ta tagogin kai ka rantse na la'asar ne.

Rabuwa

Hausawa sun ce zo mu zauna, zo mu saɓa. Mitra mutum ne mai tsananin son aiki ya fita daidai, ba ya gaggawa, kuma in ya ga ɗan aibi sai ya nemi a sake ɗauka. Ray kuwa da ƙananan kuɗi yake aiki, yana ƙirga kowane taku na fim, yana kuma ganin wasan 'yan wasa ya fi kyau a ɗaukar farko. Daɗin daɗawa, daga wajen 1964 Ray ya fara riƙe kyamara da kansa yayin ɗauka, ya bar wa Mitra tsara haske kawai. Ga mai ɗaukar hoto wannan ba ƙaramin abu ba ne, don ba zai ga abin da ake ɗauka da idonsa ba, alhali sunansa ne za a rubuta. Fim ɗinsu na ƙarshe shi ne Nayak na 1966, labarin wani tauraron fim a cikin jirgin ƙasa daga Kalkata zuwa Delhi, wanda taragunsa ma a situdiyo aka ƙera su. Daga nan kowa ya kama gabansa. Soumendu Roy, wanda ya yi wa Mitra mataimaki tun daga Pather Panchali, shi ya gaje shi a wurin Ray. Ray ya ci gaba da yin finafinai har ya mutu a 1992, amma ba su sake aiki tare ba.

Aikinsa da waɗansu

Tun kafin rabuwar Mitra ya fara aiki da James Ivory, darekta Ba'amurke, da abokin aikinsa Ismail Merchant, haifaffen Bambai. Ya ɗaukar musu The Householder a 1963, da Shakespeare Wallah a 1965, da The Guru a 1969, da Bombay Talkie a 1970. Uku daga cikin waɗannan Shashi Kapoor ne tauraronsu, kuma a na ƙarshen ne Helen ta yi rawa a kan wata ƙatuwar tafireta da aka ƙera. A 1966 kuma ya ɗauki Teesri Kasam, watau rantsuwa ta uku, inda Raj Kapoor ya fito a matsayin mai amalanken shanu, Waheeda Rehman kuma 'yar rawa. An yi shi baƙi da fari a lokacin da Bambai ta fara komawa launi. Bai yi kasuwa ba da ya fito, kuma Shailendra, marubucin waƙoƙin da ya zuba kuɗinsa a ciki, ya mutu a ƙarshen wannan shekara, amma fim ɗin ya ci lambar gwamnatin Indiya ta fim mafi kyau.

Bayan 1970 aikinsa ya ragu ƙwarai. Kasuwar fim tana son mai sauri, shi kuwa bai yarda ya sauko daga ƙa'idarsa ba. Mutumin da ya fara da fim ɗin da duniya ta yaba yana ɗan shekara 21, sai ga shi a shekarun da ya fi ƙwarewa yana yin shekaru bai ɗauki babban fim ba. Ya dawo da New Delhi Times, labarin wani editan jarida da ya tono asirin 'yan siyasa, inda Shashi Kapoor da Sharmila Tagore suka fito, ya kuwa ci lambar ƙasa ta ɗaukar hoto da shi a 1986. A wannan shekara kuma gwamnatin Indiya ta ba shi lambar girma ta Padma Shri. A 1992 kamfanin Eastman Kodak, masu yin fim ɗin da ya yi rayuwarsa yana aiki da shi, suka ba shi lambar yabo ta aikin tsawon rayuwa.

Ƙarshen rayuwarsa

Daga 1997 ya koma koyarwa a makarantar koyon aikin fim da talabijin da aka kafa a Kalkata, wadda aka sa wa sunan Satyajit Ray. Mutumin da bai sami wanda zai ɗauke shi yaron kyamara ba, shi ne ya ƙare yana koya wa samari sana'ar a aji, a makarantar da ke ɗauke da sunan abokin da suka rabu. Yana kan wannan aiki ya mutu a watan Disamba na 2001, yana da shekara 71.

Saura kaɗan ma a rasa mafi kyawun aikinsa. A 1993 gobara ta tashi a wani ɗakin wanke finafinai a Landan, inda aka ajiye asalin faya-fayan finafinan Apu guda uku, suka ƙone ƙwarai. Aka kwashe abin da ya rage aka adana a Amurka har shekara 20, kafin masana a birnin Bologna na Italiya su bi su a hankali su ceto abin da zai cetu, a cike sauran daga kwafe-kwafen da ake da su. A 2015 aka sake fitar da finafinan uku garau.

To, 'yan uwa, wannan shi ne taƙaitaccen tarihin Subrata Mitra. Muna ba ƙannenmu da ke makaranta yanzu shawara, musamman masu sha'awar ɗaukar hoto, su nemi Pather Panchali da Aparajito su kalla. In sun zo wurin tsakar gidan Banaras, su dubi bango su ƙirga inuwa, sa'an nan su tuna cewa a ƙarƙashin rufi aka ɗauke shi, da farin ƙyalle da fitilu. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba, in Allah ya kai mu. Wassalam.